Kafin Sadiku Ya Iso Madawa

Tabotaki, ƙarshen damina

Rakiya ɗiyata,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki gaisuwar uwa, wadda ba ta tsufa. Allah ya sa takardar nan ta same ki lafiya, ke da mijinki da mutanen gidan da kuka sauka a Madawa. Allah ya sa kun shiga garin da ƙafar dama, ya tsare ku daga sharrin baƙunta, ya sa albarka cikin aikin albasar da ya kai ku can. Labarin gari ba zan ba ki ba, kawunki Ada zai cika miki kunne da shi har ki roƙe shi ya yi shiru. Ki yi haƙuri da rubutun kuma. Kin san na yaƙi da jahilci ne, yana hawa yana gangara kamar hanyar Keita.

Ranar da za ku tashi kin durƙusa a bakin ɗakina, kika ce, "Inna, ki ba ni yaron ga in tai da shi. An ce akwai lakkwal can da ka amsar irinsu, su zamna aji guda da sauran ɗiya." Ni kuwa ko ɗaga kai ban yi ba daga tsintar waken da nake yi. Na ce, "Mi kinka sani ga renonai? Tun yaye hannuna shi ke." Kika tashi. Na gan ki kina share ido da bakin mayafi, na yi kamar ban gani ba.

To, na sauko. Sadiku ɗanki ne, kuma zan aiko miki shi tare da kawunki kafin a buɗe makaranta. Amma ina jin tsoro, kuma tsoron nan ne ya sa ni zaman rubutu. Ba hanya nake tsoro ba, ba ƴaƴan birni ba. Tsorona kada ki zama masa irin uwar da na zama. Ki tuna maganarki: ko da kike roƙona shi da hawaye, "yaron ga" kika ce, ba ki ambaci sunansa ba. Ban ga laifinki ba, ni na koya miki.

Kin san kina da wa da ya rasu kina ƙarama. Ba na yi muku zancensa, ku ma kun ga fuskata kun daina tambaya. Shi ne ɗan farina. Na haife shi ina yarinya, cike da son a yabe ni, kuma a lokacinmu ba abin da ake yabon mace da shi kamar kunyar ɗan fari. Ba ki kiran sunansa, ba ki yi masa wasa gaban mutane, in ya faɗi ki kau da kai wata ta ɗauke shi. Ni kuwa na fi kowa iyawa. Ko nono zan ba shi sai na juya wa ɗaki baya. Matan gidanmu suna cewa, "Ku dubi ɗiyar mutane, wagga ta san kunya," ni kuma kaina yana ƙara girma.

Yaron ya yi jinkirin zama, ya yi jinkirin tafiya. Sa'o'insa suka fara surutu, shi shiru. Ban lura da wuri ba, domin mai kau da kai ba ta ganin komai. Da aka kai shi likita a Buza saboda wani tari, wata tsohuwar ma'aikaciya ta duba shi ta daɗe, sannan ta dube ni ta ce, "Ke ta uwa tai? Ki riƙa aza shi ga ƙahwa, ki dube shi ido cikin ido, ki yi mai magana. Wanga yaro magana shika bukata, ta hi magani." Na rufe baki da mayafi na yi ƴar dariya, wai ni kunya. A hanya har ina ba surukata labari, muna cewa matan likita ba su san al'ada ba.

Rakiya, kunya ado ce, ban ce ki yar da ita ba. Ki ji kunyar surukanki, ki ji kunyar baƙo. Amma yaron da harshensa ya yi nauyi ba ya koyon magana daga ƙeyar uwarsa. Lokacin da kika haifi Sadiku a ɗakin nan, ni da bakina na ce miki, "Kak ki ba ni kunya, kak in ji kin kirai." Na janye maganar nan, Allah ya yafe mini. Ki ɗora shi a cinya, ki gaya masa abin da kike yi ko da wanke-wanke ne: ga ƙwarya, ga ruwa, ga ludayi. Zai yi kamar bai ji ba. Yana ji.

Kuskurena na biyu, na ɓata shekaru ina neman wanda ya yi mini. Wannan ya ce iska ce ta taɓa shi a gindin tsamiya, wancan ya ce baki ne. Muka yi ta yawo da shi ƙauye ƙauye. An turara shi da hayaƙi har idonsa ya yi ja, yana kuka yana miƙo mini hannu, ni ina tsaye bakin ƙofa. Har na daina gaisawa da wata maƙwabciyata, baiwar Allah, don wani ya ce ita ce. Ta rasu ban nemi gafararta ba. Duk ƙarfin da na zuba wajen neman mai laifi, da na zuba shi wajen koya masa riƙe cokali da sa riga, da ya amfane shi.

Saboda haka in wani ya zo miki da zancen ya san wani mai magani a bayan gari, ki yi masa godiya ki shige ɗaki. Addu'a kam ki yi, ki tofa masa safe da yamma, Allah ba ya gajiya da roƙo. Amma duk maganin da sai an danne yaro yana ihu, ba na Sadiku ba ne. In kuma dangin mijinki sun yi miki gugar zana cewa jinin gidanmu ne, kada ki tanka, kada kuma ki kwana da ita a rai. Likita ya ce wahalar haihuwa ce ta taɓa Sadiku, kin fi kowa sanin irin naƙudar da kika sha. Na wanki marigayi kuwa har yau ban san mafarinsa ba, na kuma daina tambaya.

Na uku shi ne ya fi mini wuyar rubutawa. Shekarun da aikin gyaran ƙasa na Keita ya iso wajenmu, babanki yana cin rani a Abijan, rumbu ya yi ƙasa. Mata muka fita aikin dutse, muna ɗauko duwatsu a ka muna jera su a gangare don su tare ruwa, ana biyanmu da abinci. Wanki ya fara tafiya ke nan sosai, kuma in ya fita bai san komowa ba. Ba mai tsaron shi. Sai na riƙa ɗaure masa ƙafa da tsumma a jikin turken awaki, in ajiye masa hura da ruwa a inuwa, in tafi. Na ce wa kaina don kada ya faɗa rijiya ne. Gaskiya ne, amma rabin gaskiya. Ɗaya rabin, ba na so matan wasu garuruwa su gan shi su ce ɗan wace ce.

Wata rana ya kwance kansa ya biyo sawuna har gangaren. Ban ankara ba sai na ga mata suna dariya suna nuni. Ga shi can cikin layi, ya ɗauki ɗan dutse a ka, ya dafe da hannu biyu yadda ya ga muna yi. Ya kai ya ajiye, ya koma ya ɗauko wani. Ba wanda ya koya masa, kallo kawai ya yi. Yini guda yana yi, yana wata irin dariya da ban taɓa jin ta a gida ba. Wata mata daga wajen Keita ta ba shi ɗan ƙuli-ƙuli ta ce, "Ɗan wa na wanga ma'aikaci?" Na sunkuyar da kai, wata ta amsa a madadina. Washegari na sake ɗaure shi, na ma ƙara ƙulli.

Kin ga abin da Allah ya nuna mini da rana tsaka na ƙi gani: yaron nan da kallon mutane yake koyo, ni kuma na raba shi da mutane. Shi ya sa da kika ce makarantar can aji ɗaya ake sa su da sauran yara, na tuna ranar nan, ko da bakina ya ce a'a. Kada ki yarda a ware Sadiku a wani lungu wai don a tausaya masa. Kada ke ma ki ware shi a gida. In za ki kasuwa ki riƙe hannunsa ku tafi. Masu kallo su kalla, kwana kaɗan ne idonsu zai gaji.

Zancen makaranta ma ya zo mini har gida na kore shi. Ba mai nisa ba ce da gidanmu, rumfar zana ce a lokacin. Da wanki ya ƙara girma na daina ɗaure shi, kullum da safe sai ya je ya tsaya jikin zanar, ya manna ido a wata ƴar kafa. In yara suna maimaita karatu shi ma yana gunjinsa yana kaɗa kai. Wata rana mushen, wato malamin makarantar, ya yi sallama a ƙofar gida, saurayi ne baƙo, ya ce, "Inna, ku bar shi shi shigo shi zamna. Ko bai rubuta ba, shi zamna cikin ɗiya." Na ce daga bayan danga, "Mushe, mi za shi koya? Sai dai shi ɓata ma aji, ɗiyan mutane su yi mai dariya." Ya ce shi ya ɗauki nauyin wannan. Na ce a'a. Babanki ba ya nan, ba wanda ya tilasta ni, ni kaɗai na yanke. Yaron ya ci gaba da tsayuwa jikin zana har aka canza wa mushen gari.

To ke ga ƙofa an buɗe miki, kada ki tsaya waje. Amma in gaya miki tun yanzu, ba za a yi abin cikin daɗi ba. Zai yi kuka kwanakin farko. Wata rana zai jiƙa wando a aji, wata rana wani ɗan banza zai kwaikwayi tafiyarsa, wata uwa ma za ta je ta ce ba ta son ɗanta ya zauna kusa da shi. Ranar za ki ji kamar ki goya shi ki dawo Tabotaki. Kada ki dawo. Ki wanke wandon, ki mai da shi washegari. Ki je wajen madam ɗinsu, malamar ajin, da kanki, ba aike ba, ki gaya mata abin da yake tsoro da abin da yake so, ki tambaye ta abin da za ki riƙa maimaita masa a gida. Kuma kada ki auna shi da ɗan maƙwabta. In shekara ta ƙare abin da ya samu shi ne ya zauna a benci har a tashi, ya san sunan abokinsa guda, to ki dafa shinkafa ki yi murna. Sannu ba ta hana zuwa.

Sai zancen masu taimako, tunda kin ce wata ƙungiya ce take tallafa wa makarantar. Nan ma na yi kuskure, har iri biyu. Da fari na bar mutane suka mai da wanki wurin zuba sadaka. Ranar Juma'a mai tsaba ya kawo, mai ƙosai ya kawo, wasu har suna shafa kansa wai irinsu ba su da zunubi, a samu albarka. Ba wanda ya taɓa zama ya yi masa hira. Ni kuma ina karɓa ina godiya, har na saba. Daga baya wasu baƙi suka zo da mota suna neman yara irinsa. Na ɗauko riga zan sa masa, mai yi musu jagora, ɗan garinmu ne kuwa, ya ce, "Bar shi haka nan, sun hi jin tausai." Aka ɗauke shi hoto da tsumma, da majina, aka ba mu buhu. Mun ci buhun, ba zan yi ƙarya ba, muna cikin yunwa. Amma har yau in na tuna, wani wuri a duniya akwai hoton ɗana a wulaƙance kuma da yardata, sai abinci ya fita raina.

Haushin wannan ya sa na koma ɗaya gefen. Da wata mata ta zo daga baya, ita ba buhu ta kawo ba, so take ta zauna ta nuna mini yadda zan koya masa wanka da cin abinci da kansa, sai na ce mata mu ba mabarata ba ne. Ta tafi. Na karɓi wanda ya kamata in ƙi, na ƙi wanda ya kamata in karɓa.

Ke ki buɗe ido. Taimako ba abin kunya ba ne, Allah ne yake turo wani ya zama sanadi. In sun ba shi allo da jaka ki karɓa ki yi godiya. In sun kira taron iyaye ki je, ki zauna da matan da ke da irin ɗanki, za ki ji sanyi da ba ki taɓa ji ba, don ni ban taɓa samun wadda zan yi wannan zancen da ita ba. Amma ki fi ƙaunar mai koya miki a kan mai miƙo miki. In za su ɗauki hoto, sai da yardarki da ta ubansa, kuma sai ya yi wanka ya sa rigarsa ta salla, ya tsaya da ƙafarsa. Duk wanda ya ce a bar shi da datti, ki nuna masa hanya.

Wanki ya kai wajen shekara goma sha biyar. Zazzaɓin damina ne ya kwantar da shi. Ina zaune ina yi masa fifita, mata cike da ɗaki, kuma ko a nan ina ta kame-kame kada a ce na damu da ɗan fari. Da rana ta yi zafi suka fita ɗaya bayan ɗaya, ya rage daga ni sai shi. Na sunkuya na ce, "Haruna." Ya buɗe ido. Ya dube ni, ya daɗe yana dubana, kamar wanda baƙo ya yi wa sallama da muryar da ya sani. Sannan ya lalubo bakin zanena ya riƙe. Ashe ya san sunansa sarai, daga bakina ne kawai bai taɓa ji ba. Bai daɗe ba bayan nan Allah ya karɓi abinsa.

Yanzu kin gane abin da ya sa na hana ki Sadiku. Da aka kawo mini shi yaye na ga yadda yake, sai na ce Allah ya ba ni dama ta biyu. Duk abin da na hana Haruna na juye masa. Ni ke ba shi abinci a baki, ni ke sa masa takalmi, ko ƙofar gida ba na so ya leƙa. Na ɗauka so ne. Ran nan bayan tafiyarku ina daka, na waiga ban gan shi ba. Na fita a guje ba ko mayafi. Na same shi a bakin makarantar garin nan, wadda yanzu gini ce kuma a rufe take don hutu, ya ɗage yana leƙen taga. Na zauna a ƙasa. Wancan na ɗaure shi da tsumma, wannan na ɗaure shi da gata, kuma duk wuri ɗaya suka je suka tsaya.

Ga abin da ya kamata ki sani game da maigidan nawa, tunda kin ƙwace mini miji. Ba ya son hura mai tsami. Ƙarar injin niƙa tana firgita shi, in za ku wuce ki gaya masa tun daga nesa, ya toshe kunnensa da kansa. Ya iya sa riga in kin nuna masa wuyan, kwanan nan na gano, da na daure na bar shi. In ya ce "aka" ni yake nufi, in ya ce "mamma" ruwa yake so. In ya yi fushi kada ki yi masa tsawa, ki zauna kusa da shi ki yi shiru, zai matso. Zai nemi jar akuyarsa, ki ce masa tana wajen Aka tana gaishe shi. Ki bar shi ya yi aiki, ko ɗauko tsintsiya ne, ko da zai fi ɓata miki lokaci. Ki jawo ubansa ciki kuma. Shi ma kunyar ɗan fari yake yi, na lura, sai dai ya tsaya nesa yana satar kallonsa. Ki ce masa ni na ce ya riƙa kai shi makaranta wata rana, maganar suruka ba a mai da ta.

Ni kada ki damu da ni. Ɗakin zai yi mini faɗi, zan yi kuka, ba zan ɓoye miki ba. Kukan da ya dace ne.

Allah ya kai Sadiku da kawunki lafiya, ya tsare motar da direbanta. Allah ya buɗe wa Sadiku harshe da zuciya, ya haɗa shi da malamai masu haƙuri da abokai masu tausayi. Allah ya saka wa duk mai taimakon irin waɗannan yara da alheri. Ke kuma Allah ya yi miki albarka, ya ba ki ƙarfin da ban samu ba, ya jiƙan babanki da Haruna. Ki gaishe mini da mijinki da kyau.

Ranar da za su iso, kada ki aiki kowa tasha, ki je da kanki. Tashar Madawa cike take da mutane, zai ruɗe, zai maƙale a bayan kawunki ya ƙi sakin rigarsa. In kin ce "kai yaro" ba zai zo ba, yara sun yi yawa a wurin. Ki durƙusa daidai tsayinsa, ko da surukarki na tsaye, ko da duk Madawa na kallo, ki ce Sadiku. In bai juyo ba kada ki ji ciwo, bai saba jin sa da muryarki ba ne. Ki sake kira.

Wassalam.

Mahaifiyarki,
Hajo